Tarihin Shari'o'in Izini da Goyo na Kwalejojin Injiniya a Ƙasar Indiya, 1987 zuwa 2020

1.0 Gabatarwa

Maƙasudin wannan takarda shi ne bin diddigin wata doguwar jayayya da aka shafe fiye da shekara talatin ana yi a gaban kotunan ƙasar Indiya, a kan tambaya guda ɗaya, watau wane ne ke da ikon cewa a buɗe kwalejin koyon aikin injiniya, wane ne kuma ke da ikon cewa a rufe ta. Masu wannan jayayya su huɗu ne: Gwamnatin Tarayya ta hannun majalisarta ta ilmin fasaha, da gwamnatocin jihohi, da jami'o'i, da kuma masu kwalejoji masu zaman kansu. Na biyar ɗinsu shi ne ɗalibi, wanda ba safai yake shigar da ƙara ba, amma a kansa hukuncin yake sauka.

Kafin mu yi nisa ya kamata mu bambance kalmomi biyu da za mu riƙa amfani da su. Ta farko ita ce "izini", watau amincewar da majalisar tarayya takan bayar kafin a kafa kwaleji, ko a soma sabon darasi, ko a ƙara yawan ɗalibai. Ta biyu ita ce "goyo", watau karɓar da jami'a takan yi wa kwaleji ta sa ta a ƙarƙashinta, ta tsara mata manhaja, ta yi wa ɗalibanta jarrabawa, sa'an nan ta ba su digiri da sunanta. Kwalejin da ta sami izini ba ta sami goyo ba, tana iya koyarwa amma ɗalibanta ba su da takardar shaida. Wadda kuwa ta sami goyo ba izini, to kafuwarta ma ba ta kan doka. Daga wannan rabuwar iko ne yawancin ƙararrakin suka taso.

2.0 Asalin Tsarin Goyo

Tsarin goyo ya girmi tsarin izini nesa ba kusa ba. Bayan wasiƙar da Sir Charles Wood ya aika daga Ingila a shekarar 1854 a kan sha'anin ilmi, Turawan mulkin mallaka sun kafa jami'o'i uku a shekarar 1857, a Kalkata da Bombay da Madaras, bisa tsarin Jami'ar Landan ta wancan zamani. Da farko waɗannan jami'o'i ba su koyarwa. Aikinsu shi ne shirya jarrabawa da ba da digiri ga ɗaliban kwalejojin da suka goya. Tsofaffin makarantun injiniya ma a wannan turba suka bi: ta Guindy ta shiga ƙarƙashin Madaras, ta Pune kuwa ƙarƙashin Bombay. A shekarar 1904, zamanin Lord Curzon, aka yi dokar jami'o'i wadda ta tsananta sharuɗɗan goyo, ta kuma ba jami'a ikon kai ziyarar bincike kwalejojinta.

Ita kuwa majalisar ilmin fasaha ta ƙasa, wadda aka fi sani da AICTE, a shekarar 1945 aka kafa ta, kuma ba ta da wani iko sai na ba da shawara. Ta zauna a haka har shekara arba'in da biyu.

3.0 Tsarin Mulki da Dokar 1987

Tsarin mulkin Indiya, wanda ya fara aiki a shekarar 1950, ya raba ikon yin doka gida uku: jerin tarayya, da jerin jihohi, da jerin haɗaka. Da farko ilmi yana cikin jerin jihohi, amma abu na 66 na jerin tarayya ya keɓe wa Gwamnatin Tarayya ikon daidaitawa da ƙayyade ma'aunin ingancin manyan makarantu da na kimiyya da fasaha. A shekarar 1976, da aka yi wa tsarin mulkin gyara na 42, sai aka cire ilmi daga jerin jihohi aka mai da shi jerin haɗaka, ya zama abu na 25. Ma'anar wannan ita ce, jiha tana iya yin doka a kan ilmi, tarayya ma tana iya yi, amma in dokokin biyu suka yi karo, sashe na 254 ya ce ta tarayya ce a sama.

A daidai wannan lokaci ne kwalejojin injiniya masu zaman kansu suka fara yawaita, musamman a jihohin Karnataka da Maharashtra da Andhra Pradesh da Tamil Nadu. Masu neman shiga sun fi guraben da ke akwai yawa ƙwarai, don haka sai aka shiga sayar da gurbi ga wanda ya fi kuɗi. Jihohi da dama sun yi dokar hana wannan ciniki, kamar Andhra Pradesh a 1983 da Karnataka a 1984, amma abin bai tsaya ba. Manufar ilmi ta ƙasa ta shekarar 1986 ta ba da shawarar a ba majalisar fasaha ƙarfin doka, aka kuwa yi hakan a shekarar 1987. Sashe na 10 na sabuwar dokar ya ba majalisar ikon ƙayyade ma'aunin gine-gine da kayan aiki da malamai, da kuma ikon ba da izinin kafa sababbin makarantun fasaha bayan ta tuntuɓi waɗanda abin ya shafa.

To amma dokar ta bar wuri biyu a buɗe. Na farko, ba ta soke dokokin jami'o'i ba, waɗanda jihohi suka yi, waɗanda kuma suka bar ikon goyo a hannun jami'a. Na biyu, da ta zo fassara ma'anar makarantar fasaha a sashe na 2, sai ta ce ita ce makarantar da ba jami'a ba. Tun ran gini ran zane: waɗannan wurare biyu su ne lauyoyi suka yi ta shiga ta cikinsu har tsawon shekara talatin. Hanyar shiga kotu kuwa a buɗe take, domin sashe na 226 na tsarin mulki ya ba kowa damar kai kuka Babbar Kotun jiharsa a kan duk wata hukumar gwamnati, daga nan kuma a ɗaukaka ƙara zuwa Kotun Ƙoli.

4.0 Shari'o'in Kuɗin Gurbi

Shari'o'in farko ba a kan izini suka tsaya kai tsaye ba, a kan kuɗi ne, amma su ne suka aza harsashi. A shari'ar Mohini Jain ta shekarar 1992, wadda ta shafi kwalejin likita a Karnataka, an nuna wa kotu cewa ɗalibin gurbin gwamnati yana biyan rupi 2,000 a shekara, alhali wanda ya zo daga wata jiha yana biyan rupi 60,000. Kotun Ƙoli ta haramta sayar da gurbi. A shekarar 1993 kuma, a shari'ar Unni Krishnan, wadda ta haɗa da kwalejojin injiniya, alƙalai biyar suka tsara cewa a raba gurabe gida biyu, rabi mai sauƙin kuɗi bisa cancanta, rabi mai tsada. Abin da ya fi shafar bayaninmu a wannan hukunci shi ne faɗar da kotu ta yi cewa goyo ba haƙƙi ne na asali da mai kwaleji zai ce dole a ba shi ba, kuma wanda ya nemi goyo ya ɗauki sharuɗɗan da ke tattare da shi.

Wannan tsari na rabi da rabi bai daɗe ba. A shekarar 2002 alƙalai goma sha ɗaya suka zauna a shari'ar T.M.A. Pai, suka soke shi, suka ce kafa makaranta sana'a ce da tsarin mulki ya kare, ko da yake ba su halatta sayar da gurbi ko cin ƙazamar riba ba. Hukuncin shari'ar P.A. Inamdar na shekarar 2005 ya ƙara wa masu kwalejoji 'yanci wajen ɗaukar ɗalibai.

5.0 Zamanin Rinjayen Majalisar Tarayya

Shari'ar da ta fara fuskantar tambayarmu gadan-gadan ita ce ta Gwamnatin Tamil Nadu da cibiyar Adhiyaman, wadda aka yanke a shekarar 1995. Gwamnatin jihar ce ta ba cibiyar damar buɗe kwalejin injiniya, Jami'ar Madaras kuma ta ba ta goyo na wucin gadi. Daga baya gwamnati ta naɗa kwamitin bincike a shekarar 1989, kwamitin ya ce kwalejin ba ta cika sharuɗɗa ba, sai aka tasam ma janye amincewa da goyo duka. Kotun Ƙoli ta ce tun da aka yi dokar 1987, ƙayyade ma'aunin inganci ya koma hannun majalisar tarayya, don haka jiha ko jami'a ba ta da ikon rufe kwaleji saboda ta kasa cika wani ma'auni da ya saɓa wa na majalisar. Ikon goyo yana nan a hannun jami'a, amma sharuɗɗansa dole su dace da na majalisa.

Bayan shekara biyar sai ga shari'ar Jaya Gokul daga jihar Kerala, a shekarar 2000. A nan majalisa ta ba da izini, amma gwamnatin jihar ta ƙi amincewa, hujjarta ita ce manufarta a lokacin ba ta yarda da ƙarin kwalejojin injiniya masu zaman kansu ba. Kotu ta ce abin da doka ta ba jiha shi ne a tuntuɓe ta a ji ra'ayinta kafin a ba da izini, ba a nemi yardarta ba. In tana da ƙorafi ta kai shi gaban majalisa tun da wuri, amma ba ta da ikon tare hanya bayan an gama. Haka kuma jami'a ba ta iya cewa sai jiha ta yarda sa'an nan ta ba da goyo.

Waɗannan hukunce-hukunce biyu sun ɗaure hannun jihohi, kuma masu kwalejoji sun gane haka. Daga nan duk wanda ya riƙe takardar izini, in jami'a ta yi masa jinkiri, sai ya nufi Babbar Kotu. Har a shekarar 2014, a shari'ar kwalejin Rungta da jami'ar fasaha ta jihar Chhattisgarh, Kotun Ƙoli ta sake nanata cewa in jami'a ta ga naƙasu a abin da ke ƙarƙashin ikon majalisa, abin da ya kamace ta shi ne ta sanar da majalisar, ba ta hana goyo ba.

6.0 Iyakar Ikon Majalisa

Sai dai kuma rinjayen majalisar bai zama cikakke ba, saboda waccan fassara ta sashe na 2 da muka ambata a baya. Jami'ar Bharathidasan da ke Tamil Nadu ta soma wasu darussan fasaha a sassanta ba tare da neman izini ba, majalisa ta kai ta ƙara. A shekarar 2001 Kotun Ƙoli ta ce doka da bakinta ta fitar da jami'a daga ma'anar makarantar fasaha, saboda haka jami'a ba ta bukatar izinin majalisa kafin ta buɗe sashe, ko da yake wajibi ne ta kiyaye ma'aunin ingancin da aka ƙayyade. A wajen jami'a, in ji kotu, majalisa mai ba da shawara ce, ba shugaba ba.

A watan Afirilu na shekarar 2013 aka faɗaɗa wannan ra'ayi fiye da yadda aka zata. A ƙarar da ƙungiyar masu kwalejoji masu zaman kansu ta ɗaukaka, kotu ta ce hatta kwalejojin da jami'a ta goya suna cikin inuwar jami'ar ne, don haka a kansu ma shawara kawai majalisa take iya bayarwa. Da an bi wannan hukunci yadda yake, da dubban kwalejoji sun fita daga hannun majalisar dare ɗaya, ba tare da an shirya wanda zai gaje ta ba. A shekarar 2014 kotun ta ba da umurnin wucin gadi cewa sai da izinin majalisa za a gudanar da darussan fasaha a zangon 2014/15, daga baya kuma aka yi ta tsawaita umurnin. Watau kusan shekara guda aka yi ba a san takamaiman mai ikon ba da izini a ƙasar ba.

7.0 Halin da Ɗalibai Suka Shiga

Har wa yau akwai wata ɗabi'a da ta zama ruwan dare a wannan zamani. Kwaleji takan shigar da ƙara gab da fara zangon karatu, ta roƙi kotu umurnin wucin gadi na ɗaukar ɗalibai kafin a yanke hukunci. Kafin shari'a ta ƙare ɗalibai sun yi shekara ɗaya ko biyu, sai kwalejin ta dawo tana cewa a dubi halin yaran nan. Ta haka ɗalibai suka zama garkuwa, tausayin kotu kuma ya zama hanyar tsallake doka.

Shari'ar Parshvanath ta watan Disamba 2012 ita ce ta yi ƙoƙarin toshe wannan kafa. Wata kwalejin injiniya ce a garin Thane na jihar Maharashtra ta tashi daga harabarta ta koma sabon gini ba tare da cikakkun takardun amincewa ba, daga baya majalisa ta janye izininta, aka rarraba ɗalibanta zuwa wasu kwalejoji. Kotun Ƙoli ta tabbatar da janyewar, sa'an nan ta kafa jadawali wanda ta ce ya hau kan kowa: majalisa ta gama ba da izini ko hanawa kafin 10 ga Afirilu ya wuce, jami'a ta gama batun goyo zuwa 15 ga Mayu, a soma karatu 1 ga Agusta, a rufe cike gurabe 15 ga Agusta. A ganinmu wannan hukunci ya fi sauran amfani ga ɗalibi, domin bai tsaya a kan wane ne babba ba, ya tsaya ne a kan yaushe kowa zai gama aikinsa.

Mafi ɗaci daga cikin shari'o'in kuwa ita ce ta hukumar ban-ruwa ta jihar Orissa, wadda aka yanke a watan Nuwamba 2017. Ta faro ne daga gardamar ƙarin girma ga ma'aikaci, ta ƙare a kan digirin injiniya da wasu cibiyoyi huɗu masu matsayin jami'a suka yi ta bayarwa ta hanyar karatu daga nesa, ba da izinin majalisa ba. Kotu ta ce aikin injiniya ba ya koyuwa ba tare da ɗakin gwaji da aikin hannu ba. Ta dakatar da digirin waɗanda aka ɗauka daga 2001 zuwa 2005 har sai sun ci wata jarrabawa ta musamman, ta kuma soke na waɗanda aka ɗauka bayan 2005 ɗungurungum. Mutanen da suka yi shekara goma suna aiki da takardunsu suka wayi gari ba su da digiri, alhali hukumomin da suka ga abin yana faruwa suka yi shiru, su ne ya kamata su tsayar da shi tun farko.

8.0 Dawowar Ikon Jami'a

Yayin da ake wannan fafatawa, kasuwar kanta ta juya. Ƙididdigar majalisar ta nuna cewa a zangon 2016/17 akwai guraben digirin injiniya wajen miliyan 1.55 a kwalejoji 3,291, kuma kashi 51 cikin 100 na guraben babu kowa a cikinsu. Wani kwamiti a ƙarƙashin B.V.R. Mohan Reddy ya ba da shawarar a dakatar da buɗe sababbin kwalejoji, majalisa ta yi hakan daga zangon 2020/21, ta kuma ɗage dakatarwar a zangon 2023/24.

A cikin wannan yanayi ne aka yanke shari'ar Jami'ar Fasaha ta A.P.J. Abdul Kalam ta jihar Kerala da kwalejin Jai Bharath, a watan Disamba 2020. Kwalejin ta sami izinin majalisa na soma sabon darasi, amma jami'a ta ƙi ba da goyo, domin ta kafa nata sharuɗɗa, ciki har da cewa fiye da rabin ɗaliban da suke kammalawa su kasance sun ci jarrabawa, kuma fiye da rabin guraben kwalejin su kasance suna cika. Babbar Kotun Kerala ta goyi bayan kwaleji, amma alƙalai uku na Kotun Ƙoli, a ƙarƙashin Alƙalin Alƙalai S.A. Bobde, suka warware wannan hukunci. Suka ce abin da aka hana jami'a shi ne ta sassauta ma'aunin majalisa, ba a hana ta ƙara tsananta shi ba. Sun kuma lura cewa majalisa ta koma ba da izini bisa bayanan da kwalejoji ke cikawa da kansu ta intanet, saboda haka nauyin bincike ya ƙaru a kan jami'a, wadda sunanta ne a kan takardar digiri. Hausawa sun ce mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

9.0 Kammalawa

In muka dubi wannan tarihi gaba ɗaya za mu ga abubuwa uku. Na farko, tushen rikicin yana cikin rubutun doka ne, domin dokar 1987 ta ƙirƙiro sabon mai iko ba ta fayyace matsayin tsohon ba, aka bar wa alƙalai aikin da ya kamata 'yan majalisar dokoki su yi. Na biyu, a fahimtarmu hukunce-hukuncen sun tafi tare da halin da kasuwa take ciki: lokacin da gurabe suka yi ƙaranci kotu ta hana jihohi tare hanya, da gurabe suka yi yawa har suka rasa masu shiga kuwa sai ta sakar wa jami'a mara. Na uku, duk wanda ya yi nasara a kotu, jinkirin shari'a a kan ɗalibi yake ƙarewa, domin shekarar karatu ba ta jiran ranar hukunci. Manufar ilmi ta Indiya ta shekarar 2020 ta amsa cewa tsarin goyo ya yi wa jami'o'i nauyi, ta kuma ƙuduri a janye shi sannu a hankali cikin shekara goma sha biyar.

Wannan tsari ba baƙo ba ne a wurinmu, domin daga tushe ɗaya muka gaje shi. Kwalejin Jami'a ta Ibadan ta zauna a ƙarƙashin Jami'ar Landan daga 1948 zuwa 1962, kuma kwalejojin ilmi da yawa a Nijeriya sun gudanar da darussan digiri da sunan jami'o'in da suka goye su. Don haka shawarar da muke gabatarwa ga mahalarta wannan taro ita ce, duk inda za a raba ikon izini da na goyo tsakanin hukumomi biyu, to a rubuta iyakar kowace a cikin doka tun farko, a sa wa kowace ranar da za ta gama aikinta, kuma kada a yarda a ɗauki ɗalibi ko ɗaya sai takardun biyu sun kammala.